Gaisuwar Da Na Yanke

Duk lokacin da aka nuna ɗaya daga cikin finafinaina, sai an samu wanda zai tare ni a bakin ƙofa ya ce, "Kabiru, abin ya yi kyau, amma me ya sa mutanenka suke daɗewa suna gaisawa? Ba ka da almakashi ne?" Abokaina na majalisarmu ta bayan kasuwar Tarauni sun san amsar tana cikin tafiyar da na yi zuwa Damagaram, sai dai kowannensu gutsure ya sani. Wani ya ji labarin jandarma, wani ya ji na burodi. Sun dame ni in zauna in ba da shi tun daga farko. To ga shi nan, kowa ya huta.

Shekarar da soja suka miƙa mulki ne, da damina. A lokacin ina da ɗan shago a Gyaɗi-Gyaɗi, da kyamara irin ta ɗorawa a kafaɗa mai cin babban kaset. Abincina daga biki da suna yake fitowa, amma zuciyata tana wani wajen. In na samu ragowar kaset sai in ɗauki abin da babu wanda ya aike ni: hannun Umma tana murza taliya, tsohon mai wankin hula na layinmu, rijiyar gidanmu ranar da za a cike ta. Da bidiyo biyu nake haɗa su, ɗaya na kunnawa ɗaya na naɗa, in yanke nan in liƙa can. Ina ji da kaina ƙwarai a kan wannan yankan. A ganina na lokacin, duk minti ɗayan da ya wuce ba a yi komai ba, ɓarnar kaset ce. Shagon nan yanzu cajin waya ake yi a ciki, kuma har yau in na wuce sai na leƙa.

Mahaifina, Malam Ilu, tsohon direban babbar mota ne. Haifaffen Damagaram ne, ya shigo Kano yana saurayi bai sake komawa ba. Yana da yaya mace a can, Gwaggo Habsu, wadda ban taɓa gani ba. Mun taso mun tarar babu aike tsakaninsu, babu wasiƙa, kuma ba a tambaya. Wata huɗu kafin tafiyar nan ɓarin jikinsa na dama ya shanye. Magana ta dawo, amma da ƙyar, in ya faɗi kalma biyu sai ya huta.

Wata safiya ya sa aka kira ni. Na tarar ya sa farar rigarsa ta Juma'a, Umma ta gyara masa hula.

"Kawo na'urar nan taka," in ji shi.

Ya yi kusan rabin awa yana magana, idonsa a cikin idon kyamara. Da ya gama ya riƙe hannuna da hannunsa mai lafiya.

"Ka kai wa Gwaggonka gaisuwata. Ka tsaya ka ji abin da za ta ce, ka kawo mini. Ina so in ji ta amsa kafin a kira ni."

Da na koma shago na kunna, minti goma sha biyun farko duk gaisuwa ce. Sallama, ina kwana, ina gajiya, ya yara, ya damina, har da addu'a ga mamata. Bayan kowace ɗaya sai ya yi shiru yana kallona, baki a karkace. Shirun nan ya yi mini ciwo. Ban so a ga ubana a haka ba, mutumin da muryarsa take tashe mu daga ƙofar gida. Sai na yanke duka. Na fara daga inda ya ce, "Yaya, ni ne Ilu," ya lissafa 'ya'yansa, ya ce ta yafe masa. Har sautin sarewa na sa a farko, Allah ya yafe mini. Na naɗe wannan a sabon kaset na rubuta suna da jan biro. Na asalin kuma na bar shi a cikin kyamara, saboda akwai sauran wuri a ƙarshensa da zan ɗauki amsar Gwaggo.

Ɗan acaɓa ya kai ni tashar Ƙofar Ruwa, kyamara a cinyata kamar jariri. Motar tsohuwa ce mai cin mutum tara, muka shiga mu goma sha ɗaya. A da, tsakanin Kano da Daura shingen soja ba ya ƙirguwa. Yanzu an kwashe, sai tabon ganguna da tokar wuta a gefen titi. Amma duk inda muka zo irin wurin nan sai direba ya taka birki. Wata Hajiya mai kwandunan barkono ta gaji ta ce, "Direba, sun fa tafi."

"Hajiya, ni na ji sanarwa," in ji shi. "Ƙafata ce ba ta ji ba."

Kusa da ni wani dattijo ne siriri, da baƙin tabarau, an yi masa aikin ido a Kano zai koma gida. Muka gaisa, ya miƙo hannu ya ce, "Ni ne Mushe Idi." Na cije leɓe don kada dariya ta ƙwace mini. Ya gane, ya riga ni dariyar.

"Na sani, ku a Kano mushe shi ne abin da ungulu ke ci. Mu a wajenmu malamin lakwal ne, wato makarantar boko, daga Faransanci. Shekara talatin ina koyarwa, duk Bakanon da na haɗu da shi sai ya yi wannan fuskar."

Kafin mu kai Kazaure ya san sunan ubana, da abin da zan je yi, da cewa ban san ko gida ɗaya a Damagaram ba. Ya ce to na samu masauki, kada in ƙara maganar.

A bakin iyaka, ɓangarenmu ba a ɓata lokaci ba. A ɗaya ɓangaren kuwa, su har lokacin soja ne a kan mulki, suna jiran nasu zaɓen, don haka kyamara ba abin wasa ba ce. Wani jandarma dogo ya sa na sauke ta a kan benci. Ya tambayi me ke ciki, na ce mahaifina ne. Ya ce sai ya gani. Na mayar da kaset baya, na sa masa abin ji a kunne, ya kafa ido ɗaya a ɗan ramin dubawa. Can sai muka ji ya ce, "Wa alaikumus salam." Ya yi shiru. "Lafiya lau." Ya sake shiru. "Ba gajiya, Baba."

Abokan aikinsa suka fashe da dariya. Ya ɗago a fusace ya ce, "Tsoho yana gaishe ni, in yi masa shiru?" Ya miƙo mini kayana, ya ja mini kunne kada in kuskura in nuna ta wajen bariki. Ni ma na yi dariya tare da su a ranar. Da ina da hankali da tun a nan na gane.

A Matamaye muka tsaya cin abinci, a nan na fara haɗuwa da burodinsu. Dogo ne kamar sandar makiyayi, ga tauri. Ni da na saba da na Kano mai laushi da zaƙi, na kai masa cizo da ƙarfi, sai da dasashina ya yi jini. Mushe Idi ya karɓa ya ɓalla, ya tsoma a romo, ya miƙo mini. Shayinsu kuma ba a kofi ba ne cike da madara. Ɗan mitsitsin gilashi ne, sau uku, kuma ba a tashi sai an sha na ukun. Direbanmu ma bai isa ya tashe mu ba. Da muka shiga Damagaram da azahar, garin tsit, shaguna a rufe, ofisoshi a rufe. Na tambaya ko wani babba ne ya rasu. Mushe ya ce a'a, hutun rana ne, kullum haka ake yi. Na tuna titin Zariya a daidai wannan lokacin, inda ko tsallakawa sai ka yi addu'a, sai na ji wani irin kishi.

Gidansa a Zango yake. Aka ba ni ɗakin zaure, da tabarma da buta, matarsa ta aiko da dambun zogale da ƙuli-ƙuli wanda har yau ban ci irinsa ba. Da ta ji sunan da nake nema ta ce ai babu wanda bai san Habsu ungozoma ta cikin Birni ba, rabin yaran unguwar a hannunta suka faɗo.

Washegari Mushe ya raka ni. Lunguna ne masu ƙunci tsakanin manyan duwatsu. Muka yi sallama, wata tsohuwa doguwa ta fito tana goge hannu. Ta dube ni daga sama har ƙasa.

"Wannan goshin na gidanmu ne," in ji ta. "Shigo."

Ta dama mini fura da hannunta. Ta tambayi hanya, ta tambayi Umma da ba ta taɓa gani ba, ta tambayi ƙannena ɗaya bayan ɗaya da na faɗi sunayensu. Ƙanenta ne kaɗai ba ta tambaya ba. Sai da na shanye furar na ce Baba ba shi da lafiya, ya aiko ni da gaisuwa, tana cikin kaset. Hannunta ya tsaya a kan ludayi.

"Da gaisuwa ya aiko ka? Haka ya ce?"

"Haka ya ce, Gwaggo."

"To a kawo mu ji."

Ba ta da talabijin, don haka bayan la'asar aka turo ta Mushe a baro, tare da bidiyonsa, aka jawo waya daga maƙwabta. Matan unguwa suka cika tsakar gida. Na sa kaset mai jan biro, ƙirjina a buɗe. Sarewa ta tashi, sai ga Baba, amma babu launi, baƙi da fari. Wata mata ta dafe ƙirji ta fara salati, ta ce ashe ya rasu, domin a wajensu hoton mamaci ake nunawa haka. Sai da Mushe ya yi bayani cewa talabijin ɗinsu da tamu ba layi ɗaya suke ba, ni kuma na rantse na bar shi da rai yana shan kunu.

Gwaggo tana kan kujerar tsuguno, ta kalla har ƙarshe ba ta motsa ba. Ya lissafa mu, ya ce ta yafe masa, hoto ya ɗauke. Na ɗaga kyamara ina shirin ɗaukar hawaye.

"Ya gama?" in ji ta.

"Ya gama, Gwaggo."

"Ashe har yanzu bai zo gaisuwa ba."

Ta tashi ta shiga ɗaki ta saki labule. Matan suka zare jiki ɗaya bayan ɗaya. Na tsaya da kyamara a kafaɗa kamar wanda aka aika ya manta saƙo.

A hanyar komawa Mushe ya bari sai da muka fita daga Birni. Sannan ya gaya mini abin da matarsa ta gaya masa, wanda duk tsofaffin unguwar suka sani. Lokacin yaƙin basasa kakata, Inna, ta kwanta ciwo. Gwaggo ta aika Kano sau uku, Baba bai zo ba. Inna ta rasu a hannunta. Ta yi zaman makoki ita kaɗai, aka yi uku, aka yi bakwai, aka yi arba'in, tana kallon ƙofa. Shekara talatin da ɗaya ke nan.

"Ɗana," in ji Mushe, "da ya ce ka kawo gaisuwa, wace irin gaisuwa ka ɗauka?"

Na tsaya cak a tsakiyar hanya. Ni na ɗauka irin wadda ake ba matafiyi ce, a gaida mutanen gida. Gaisuwar mutuwa ko kusa ba ta zo mini a rai ba, tunda kakata ta rasu tun ba a haife ni ba. Addu'ar mamatan nan da na ji a farkon kaset na ɗauka surutun tsufa ne. Ita ce saƙon, kuma ni na cire ta da hannuna na sa sarewa. Ban taɓa jin kunya irin ta ranar ba. Na kuma ji tsoro, domin in Gwaggo ta ƙi sake saurara, me zan koma in gaya wa mutumin da yake ƙirga kwanaki?

Da safe na koma ni kaɗai. Na tarar tana shara. Na durƙusa na ce laifin nawa ne, Baba ya yi gaisuwa, ni ne na yanke.

"Ka yanke?" Ta jingine tsintsiya. "Maganar ubanka ka yanke? Da me?"

"Da na'ura, Gwaggo. Na ga ta yi tsawo."

"A Kano haka kuke yi wa maganar manya?"

Ta daɗe tana kallona, sannan ta ce, "Guntun da ka yanke, ka zubar?"

Na ce yana nan. Talabijin tana nan inda aka bar ta a rumfa, na sa kaset na asali. Wannan karon ba a kira kowa ba, sai mata biyu na gidan. Da fuskar Baba ta fito, Gwaggo ta sauka daga kujera ta zauna a tabarma, ta ja mayafi ta rufe kai.

"Salamu alaikum," in ji Baba.

"Wa alaikumus salam," in ji ta.

"Yaya, ina kwana?"

"Lafiya lau."

Ya tambayi gajiya, ta amsa. Ya tambayi yara, ta amsa. Ya tambayi damina, ta ce ta yi gyara. Kowace amsa tana shiga cikin shirunsa daidai, babu ragi babu ƙari. Shirun da na ɗauka na ciwo ne, ashe wuri ya bar mata.

Sai ya gyara zama da ƙyar ya ce, "Yaya, ya haƙuri?"

Ba ta amsa ba. A cikin talabijin shi ma ya yi shiru, shirun da ya fi kowanne tsawo, wanda na tuna na yi tsaki a kansa a shago. Kamar ya san ba za ta amsa da wuri ba. Can ya sake cewa, "Ya haƙurin Inna?"

"Da godiya," in ji Gwaggo, murya can ƙasa.

"Allah ya jiƙan ta. Allah ya sa ta huta."

"Amin. Amin, Ilu."

Matan biyu suka shafa tare da ita. Ta daɗe kanta a sunkuye. Da kaset ya ƙare ta share fuska da bakin mayafi, ta juyo wajena.

"Kunna abin naka. Kuma ko tari na yi, in ka yanke ban yafe ba."

Kwana biyu na ƙara. Ta cika mini jaka da kilishi da dabino, ta raka ni har bakin lungu, abin da aka ce ba ta yi wa kowa. Mushe Idi ya kai ni tasha, ya sa mini burodi biyu a hammata, ya ce in kai wa Kanawa su gwada haƙoransu. Mun yi shekaru muna aika wa juna saƙo ta hannun direbobi, har ranar da wani direba ya dawo mini da nawa. Ina kewar mutumin nan.

Na iso Gyaɗi-Gyaɗi ana yayyafi. Ban biya ta shago ba, don kada hannuna ya yi ƙaiƙayi. Baba yana kwance, da ya gan ni ya sa aka tayar da shi, ya ce a kawo masa hula. Ban gaya masa abin da na yi ba sai daga baya, kuma da na gaya masa cewa ya yi kawai, "Yaro ke nan."

Na sa kaset, Gwaggo ta fito a talabijin da launinta, mayafi shuɗi. Ta yi sallama, ya amsa. Ta bi gaisuwa ɗaya bayan ɗaya tana barin masa wuri, wuri mai faɗi, domin na gaya mata bakinsa ya yi nauyi. Har tarin ta yi, yana nan a ciki. Sannan ta ce, "Ilu, na karɓi gaisuwarka. Na yafe, duniya da lahira." Na ɗauka ta gama ke nan, haka ma Baba, don ya fara ɗaga hannu zai shafa. Sai ta matso kusa da kyamara.

"To kai fa, wa ya yi maka? Uwarka ce kamar yadda take uwata. Ya haƙuri?"

Wurin da ta bar wa Baba ya ƙare bai iya cewa komai ba. Ya yi mini alama da hannu, na mayar da kaset baya, ta sake tambaya. A karo na uku ya ce, "Da godiya."

Umma ce ta gaya mini sauran a tsakar gida. Lokacin da aka yi ta aikowa yana kudu da mota, sai bayan wata biyu ya dawo ya tarar da saƙonnin duka a haɗe, har da na rasuwar. Kunya ta hana shi tafiya a makare, kowace shekara kuma kunyar tana ƙara nauyi. Bai gaya wa kowa a Kano ba. Ita kanta sai bayan aurensu ta sani, kuma ya hana ta ɗaga maganar. Babu mutum ɗaya da ya taɓa yi masa ta'aziyyar uwarsa.

Washegari bayan an karya ya ce a shimfiɗa tabarma a ƙofar gida. Muka kama shi ni da ƙanena muka zaunar da shi, ya jingina da bango, carbi a hannun hagu. Malam Garba mai kayan miya ne ya fara wucewa, zai tafi kasuwa a kan keke. Ya ga tabarma, ya ga zaman, ya sauka.

"Malam Ilu, lafiya? Wa ya rasu?"

"Mahaifiyata ce," in ji Baba.

Malam Garba ya jingine keke, ya cire takalmi, ya zauna a gefen tabarma ya ɗaga hannu. Bai tambayi yaushe ba.